Tatiana da sarakunan da aka ce babu su

A farkon shekarun 1950, duk ɗalibin da ya ɗaga hannu a wata jami'ar Amurka ko Ingila ya tambayi su wane ne mutanen Maya na da, amsa ɗaya za a ba shi, mai daɗin ji kuwa. Za a ce masa wata al'umma ce da ta zauna a dazuzzukan da yau suka zama kudancin Meksiko da Gwatamala da Beliz da yammacin Honduras, ta yi tashenta tsakanin shekarar 250 da 900 miladiyya, kuma ba ta san yaƙi ba sai ɗan abin da ba a rasa ba. Manoman masara na zaune a ƙauyukansu, manyan dalolin dutsen nan kuwa wuraren bauta ne da ba kowa a ciki sai ranar biki. Masu mulkin limaman bauta ne, ba su da aiki dare da rana sai duban taurari da ƙidayar kwanaki. Rubutun da suka sassaƙa a jikin duwatsu ba ya ɗauke da sunan kowa, babu sarki, babu gimbiya, babu wanda ya ci wani da yaƙi. Lokaci suke bauta wa, shi suke rubutawa.

Masu wannan magana manyan fannin ne. Sylvanus Morley ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana bin daji a kan alfadari yana neman duwatsu masu kwanan wata, littafinsa na 1946 shi ne abin karantawar kowa. Eric Thompson, Baturen Ingila, ya fi shi zurfin karatu da kaifin alƙalami, kuma shekaru da dama in ya ce a'a a kan wata magana, to ta mutu. Suna da hujjarsu. Tun a shekarun 1880 wani mai kula da ɗakin karatu a birnin Dresden na Jamus, Ernst Förstemann, ya warware lissafin Maya: ɗigo ɗaya ne, sanda biyar ce, suna da sifili, suna ƙirga da ashirin-ashirin. Daga baya aka gane cewa kowane kwanan wata a kan dutse ƙidaya ce ta kwanakin da suka wuce tun wata rana a shekarar 3114 kafin miladiyya. Wannan ɓangaren ana karanta shi tsaf. Sauran alamomin da ke biye da kwanan watan, waɗanda su ne suka fi yawa, sun gagari kowa. Sai masana suka yanke hukunci cewa abin da ba su iya karantawa ba ma irin wanda suka iya ne, wato ƙarin lissafi da ƙarin taurari.

Da ma an toshe hanyar tambaya tun da daɗewa. A watan Yulin 1562, a garin Maní na Yukatan, wani limamin cocin Sifaniya mai suna Diego de Landa ya tara littattafan Maya ya cinna musu wuta, yana cewa aikin shaiɗan ne. Huɗu kacal suka kai zamaninmu. Cikin 'yan tsararraki masu iya karatun suka ƙare.

Wadda ta rushe wancan kyakkyawan labari ba ta da digirin digirgir, kuma ba ta da wani digiri a fannin tonon kufai. An haifi Tatiana Proskouriakoff a birnin Tomsk na Saibiriya a 1909. Mahaifinta masanin haɗa sinadarai ne da gwamnatin Sarkin Rasha ta tura Amurka don duba makaman da take saye lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, mahaifiyarta kuma likita ce. Iyalin suka isa a 1916, shekara ta zagayo aka yi juyin juya hali a gida, zaman wucin gadi ya zama na dindindin. Ta karanta zanen gine-gine a kwalejin jihar Pennsylvania, ta gama a 1930, daidai lokacin da tattalin arzikin Amurka ya durƙushe, ba mai gina ko ɗakin kaji. Neman abin yi ne ya kai ta gidan tarihin Jami'ar Pennsylvania, inda ta riƙa yi musu zane. Linton Satterthwaite, wanda ke jagorantar tonon da gidan tarihin ke yi a Gwatamala, ya ga hannunta, ya ce ta biyo su daji. A 1936 ta isa Piedras Negras, kufan wani birni a gaɓar kogin Usumacinta, kogin da ya raba Gwatamala da Meksiko.

Aikin da aka ba ta na gefe ne: ta auna bango, ta auna matakala, ta zana. Da ta koma gida sai ta yi abin da ba a sa ta ba. Ta ɗauki awon tarin duwatsun da itatuwa suka tsattsaga, ta zana fadar birnin kamar yadda take ranar da mutane ke hawa da sauka a cikinta. Morley ya ga zanen, ya ruɗe, ya nemo kuɗi ya tura ta Copán a 1939, daga nan Chichén Itzá. Cibiyar Carnegie ta Washington ta ɗauke ta aiki. Kundin zanenta na gine-ginen Maya ya fito a 1946, har yau ana sake buga shi. A 1950 ta fitar da wani aikin da ya fi wannan wuya, kodayake bai kai shi farin jini ba: ta bi ɗaruruwan allunan dutse, tana kwatanta yadda aka sassaƙa gashin tsuntsun rawani, da ɗan kunne, da takalmi, da tsayuwar ƙafa, har ta fitar da hanyar da za a ƙiyasta shekarun dutsen da kwanan watansa ya goge. Ni a ganina a nan ne asirin yake. Shekara ashirin ta yi tana kallon mutanen da ke jikin duwatsun, a lokacin da manyan fannin ke tsallake su suna wucewa kan lambobi.

A 1958 Carnegie ta rufe sashenta na binciken kufai, Tatiana ta koma gidan tarihin Peabody na Jami'ar Harvard. A shekarar ne Heinrich Berlin, wani Bajamushe mazaunin Meksiko da ke kasuwanci yana bincike a gefe, ya nuna cewa akwai wata alama da kowane babban birni ke da tasa, Tikal da tata, Palenque da tata, Copán da tata. In rubutun na taurari ne kawai, me ya kawo sunan gari ko na gidan sarauta?

Ita kuwa ta koma kan duwatsun Piedras Negras, waɗanda ta san su kamar tafin hannunta. Mutanen birnin sun saba kafa sabon allon dutse duk bayan kwana 1,800, wato kusan shekara biyar. Ta lura ba a warwatse aka kafa su ba. Rukuni-rukuni suke, kowane rukuni a gaban gini ɗaya, in ya ƙare sai a koma gaban wani ginin a fara sabo. Dutsen farko na kowane rukuni yana nuna mutum zaune a cikin wata 'yar alkuki a sama, ga tsani a ƙasansa da sawun ƙafa yana hawa. Masana sun ce gunki ne. Ta jera kwanakin watan kowane rukuni a takarda, sai ga wasu ranaku biyu suna ta maimaituwa a cikinsa, ba sa kuma tsallakawa zuwa rukunin gaba. Ranar farko tana tafe da wata alama da ake yi wa laƙabi da kifaffen kwaɗo, kuma kullum ta girmi dutsen farko na rukunin da shekaru masu ɗan yawa. Ta biyun tana tafe da alamar wani kai da aka ɗaure masa muƙamuƙi da ƙyalle, wadda Thompson ya sa wa suna ciwon haƙori, ita kuma tana faɗowa ne gab da kafa dutsen mai alkuki. Sai ta auna tsawon kowane rukuni daga ranarsa ta farko zuwa ta ƙarshe. Babu wanda ya wuce abin da ɗan Adam kan yi a duniya.

Kifaffen kwaɗo haihuwa ce. Ciwon haƙori hawa gadon sarauta ne. Na cikin alkukin sabon sarki ne ranar naɗinsa, rukunan nan bakwai kuma zamanin sarakuna bakwai ne da suka gaji juna cikin kimanin shekara 200. Masu dogayen riguna da aka daɗe ana kira limamai, mata ne, iyayen sarakuna da matansu. Ta buga wannan a mujallar American Antiquity a 1960, cikin taƙaitacciyar maƙala mai sanyin murya, ba tare da ta iya furta ko kalma ɗaya ta rubutun da harshen masu shi ba. Tsarin lambobin kawai ta bi.

Bahaushen da ya taɓa jin ana karanta Tarihin Kano, daga Bagauda zuwa ƙasa, wane ɗan wane ya hau, ya yi yaƙi da wane, ya yi shekara kaza ya rasu, zai yi mamakin yadda wannan ya ɗauki masana tsawon lokaci haka. Me sarki zai sa a sassaƙa a ƙofar fadarsa in ba labarin kansa da na gidansu ba? Kuma ba a rasa waɗanda suka yi wannan zato ba. John Lloyd Stephens, matafiyin da ya isa Copán a 1839, ya tsaya gaban duwatsun ya ce lallai tarihin birnin ne a jikinsu. Charles Bowditch a 1901 ya kawo shawarar cewa wasu ranakun na Piedras Negras za su iya zama na rayuwar wani shugaba. Aka bar maganar ta bi iska, domin ba ta dace da Mayan da ake so ba.

Labarin da abokan aikinta ke bayarwa shi ne ta kai wa Thompson rubutun kafin a buga, ya ce sam ba zai yiwu ba, ya tafi da shi gida, washegari ya dawo ya ce ta yi gaskiya. A yaba masa a kan wannan, ba kowane babba ke iya hakan ba. Amma akwai wanda bai taɓa sassauta wa ba. A 1952 wani matashi a Leningrad, Yuri Knorozov, wanda bai taɓa taka ƙasar Maya ba, ya nuna cewa da yawa daga cikin alamomin gaɓoɓin sauti ne, baƙi da wasali, ana haɗa su a fitar da kalma. Mabuɗinsa kuwa wani jerin alamomi ne da Landa ɗin nan mai ƙona littattafai ya rubuta daga bakin wani Bamaye, yana zaton abacada ce. Thompson ya yi ta yi masa ba'a har ya mutu a 1975, yana jingina aikin da farfagandar 'yan gurguzu. Tatiana tana jin Rashanci tun daga gida, ta kuma sa hannu wajen fitar da fassarar wasu babobin littafin Knorozov a Harvard a 1967. Ita kanta ba ta rungumi hanyarsa gaba ɗaya ba. Mace ce mai taka-tsantsan, mai ƙyamar gaggawa, kuma da masu binciken da suka biyo baya suka fara karanta sunaye da ƙarfi, sau da yawa takan ja baya.

Su ne dai suka haɗa hanyoyin biyu. A Disambar 1973, a wani ɗan taro a Palenque, Linda Schele, malamar zane, da Peter Mathews, ɗalibin da bai ko gama digirin farko ba, tare da Floyd Lounsbury masanin harsuna, suka jera sarakunan birnin da shekarunsu. Gawar da Alberto Ruz ya tarar a 1952 a ƙarƙashin wata dala, fuskarta rufe da koren dutse mai daraja, ta samu suna: Pakal, an haife shi a 603, ya hau gado a 615 yana ɗan shekara goma sha biyu, ya rasu a 683. Daga nan ƙofa ta buɗe. David Stuart, wanda ya fara bin mahaifinsa kufai tun yana yaro, ya karanta kalmar koko a jikin wani tulu, aka gwada busasshen abin da ya rage a cikinsa, ya kuwa fito koko. Piedras Negras ma ta dawo da sunanta na asali, Yokib. A kan dutse na uku na birnin akwai wata mata zaune da 'yar ƙaramar yarinya a gefenta, yanzu an san an haifi matar a 674, an kawo ta daga wani gari mai suna Namaan aka aura wa mai jiran gado a 686 tana da shekara goma sha biyu, kuma yarinyar 'yarta ce. Har masassaƙan an tarar sun sa hannu a jikin wasu duwatsun, wato mutanen da Tatiana ta yi shekaru tana rarrabe salon aikinsu, sunayensu na nan a gabanta tun 1936.

Abin da ya fito daga bakin duwatsun ba shi da daɗin ji kamar na da. Yaƙi ne, da kamun fursunoni, da aure don ƙulla ƙawance, da sarauniya tana zura igiya mai ƙaya ta cikin harshenta don zubar da jinin bauta, kamar yadda aka sassaƙa a Yaxchilán, birnin da Tatiana ta jera tarihinsa a 1963 da 1964. Tikal da Calakmul sun shafe fiye da ƙarni guda suna gaba: aka ci Tikal a 562, ta rama a 695. Sarkin ƙarshe na Yokib, Yaxchilán ce ta kama shi a 808, kuma karagar mulkin da masu tono suka tarar a fadar a shekarun 1930 a farfashe take, da gangan aka fasa ta. Hujjar yaƙin ma ba sabuwa ba ce. Tun 1946 aka ga zanen bangon Bonampak, ga fursunoni jini na ɗiga daga yatsunsu a gaban sarki, aka ce ai ɗan hari ne ba yaƙi ba.

Na daɗe ina tunanin dalilin da ya sa masu ilimi irin su Thompson suka riƙe wancan labari da hannu biyu. Mutum ne da ya shiga ramukan Yaƙin Duniya na Ɗaya yana matashi, ya ga na biyu da girmansa, ba abin mamaki ba ne ya so a ce an taɓa yin wata al'umma da ta tsira daga wannan hauka. Sai dai yabon nasa ya zo da tsada, kuma ba shi ya biya ba. Al'ummar da aka ce ba ta da sarki, ba ta da suna, ba ta da rikicin gado, an cire ta ke nan daga sahun mutane an ajiye ta a wani wuri mai tsarki inda ba ta da alaƙa da kowa. Saboda haka ya zama da sauƙi a ce Maya sun ɓace, alhali miliyoyin jikokinsu na nan suna magana da harsuna kusan talatin, su ne ma ke sare daji da ɗaukar ƙasa a wuraren tonon.

Shekarun da aka yi ana murnar karanta rubutun su ne mafi muni ga waɗannan jikoki. Yaƙin basasar Gwatamala ya fara a 1960, shekarar maƙalar Tatiana, bai ƙare ba sai Disambar 1996. Hukumar binciken gaskiya da Majalisar Ɗinkin Duniya ta mara wa baya ta ƙiyasta mutum 200,000 aka kashe ko aka ɓatar, mafi yawansu Maya, ta kuma ce sojoji sun aikata kisan ƙare dangi a farkon shekarun 1980. A 1984 gwamnatin ƙasar, wadda ke hannun soja, ta ba Tatiana lambarta mafi girma, ta Quetzal. Ba laifinta ba ne, ta cancanci lambar, kuma a lokacin cutar mantuwa ta riga ta fara cin ta. Amma hukumar da ke karrama mai binciken matattun Maya ita ce ke ƙona ƙauyukan rayayyunsu. Duwatsun ma ba su tsira ba. Tun a shekarun 1960 ɓarayi suka shiga Piedras Negras da zarto, suka yanyanka wasu allunan don su yi sauƙin ɗauka, gutsattsarin suka ɓulla a hannun dillalai a Amurka da Turai. Wasu sassan rubutun yanzu sai a tsofaffin hotuna da zane ake ganinsu.

Ta rasu a watan Agustan 1985. Littafin da ta yi shekarunta na ƙarshe tana rubutawa kan tarihin Maya bai fito ba sai 1993, bayan Rosemary Joyce ta tattara shi. Ba a koma tono a Piedras Negras ba sai 1997, da aka yi sulhu, wannan karon a ƙarƙashin shugabanni biyu, Stephen Houston Ba'amurke da Héctor Escobedo ɗan Gwatamala. A 1998 abokan aikinta suka kai tokar gawarta can, suka binne a saman fadar da ta zana tana 'yar shekara ashirin da wani abu.

Sana'ar da ta bari ta sauya kama. A zamanin Satterthwaite an ɗora wasu allunan a kan keken shanu an fitar da su daga dajin, wasu har Philadelphia, da yardar gwamnati. Yau doka ta hana, kuma ba a ba baƙo izinin tono sai da ɗan ƙasa a shugabancin aikin. Daga 1987 Linda Schele da wasu abokan aikinta suka fara zama da masu jin harsunan Maya a garin Antigua suna koyar da karatun alamomin, ɗaliban kuma suna gyara wa malaman ma'anar kalmomi daga abin da suka ji a bakin kakanninsu. Yanzu akwai malamai 'yan Maya da ke koyar da shi da kansu, akwai masu rubuta sunayensu da shi.

Morley kan yi doguwar tafiya a kan alfadari kafin ya ga dutse ɗaya. A 2018 aka sanar da sakamakon wani awo da aka yi daga jirgin sama da hasken leza mai ratsa ganyen itatuwa, a kan murabba'in kilomita kusan 2,100 na arewacin Gwatamala: gine-gine fiye da 60,000, da hanyoyi, da ganuwa, da gonakin da aka yi wa magudanar ruwa. Wuraren bautar da aka ce ba kowa a cikinsu, birane ne cike da jama'a. Mafi yawan gine-ginen nan dandamalin gidajen talakawa ne, kuma babu allon dutse ko ɗaya a ƙofarsu. Rubutun da Tatiana ta buɗe na fada ne, sarki ne ya biya masassaƙi, abin da yake so a sani shi aka rubuta, ba ya kuma yawan faɗin ranar da aka ci shi da yaƙi, sai dai a ji a dutsen abokin gabarsa. Wanda ke son sanin abin da manomin Yokib ya ci, ko harajin da ya biya, ko inda ya nufa bayan 808, dole ya koma kan cebur da rariya, ya tona juji da murhu, ya auna ƙashi da ƙwayar masara, ɗaki bayan ɗaki.